In Mai Ƙara Ya Mutu, Wa Zai Tsaya A Gurbinsa?

Duk wanda ya taɓa zama a zauren alƙali ya san shari'a iri biyu ce. Akwai ta laifi, wadda hukuma ke kama mutum don ta hore shi, akwai kuma ta haƙƙi, wadda mutum ke bin ɗan'uwansa bashi, ko gona, ko gida, ko diyyar wata ɓarna da ya yi masa. Ta laifi ba ta da wuyar sha'ani in mutuwa ta gitta, gama ba a ɗaure gawa, ba a kuwa yi wa ɗa bulala don laifin ubansa. Amma ta haƙƙi fa? Ga mutum ya kai ƙara, an shekara uku ana kai da kawowa, shaidu sun faɗi abin da suka sani, an biya lauya, saura ƙiris a yanke, sai Allah ya yi masa cikawa. Shin ƙarar ta bi shi kabari ke nan, wanda a ke bi bashi ya ci bulus? Ko kuwa wani ne zai ɗauka daga inda mamacin ya ajiye? In wani ne, wane ne shi, yaushe kuma ya wajaba ya bayyana?

Abin da za mu duba ke nan cikin wannan darasi. Za mu ɗauki dokar ƙasar Indiya ta zama mana allon karatu, domin a can an tsara al'amarin dalla-dalla, alƙalansu kuwa sun fi shekara ɗari suna murza shi, har babu wani lungu nasa da ba su leƙa ba.

Turawan Ingila ne suka fara rubuta wa Indiya dokar yadda a ke gudanar da shari'ar haƙƙi a 1859. Aka sake ta a 1877, aka kuma sakewa a 1882, kāna aka yi wadda ta zauna a 1908, ta fara aiki ran 1 ga Janairu 1909. Da Indiya ta sami mulkin kanta a 1947 ba ta yar da ita ba, sai gyare-gyare da ta yi ta yi mata. Pakistan ma ta riƙe ta, haka Bangladesh daga baya. A cikin jerin ƙa'idodin da aka rataya wa dokar akwai babi na 22, wanda ya yi magana a kan mutuwar masu shari'a, da aurensu, da karyewar arzikinsu. Na mutuwar ne namu yau.

Kada a ɗauka wannan abu ne da a kan yi shekara da shekaru ba a gamu da shi ba. A 2023 ƙararrakin da ke jiran hukunci a kotunan Indiya, na laifi da na haƙƙi duka, sun haura miliyan 50. Inda shari'a ke da wannan jinkiri, mutuwa ta kan riga alƙali. Misali sananne shi ne rigimar filin nan na garin Ayodhya, inda Masallacin Babri ya ke a da. Wanda ya shigar da ƙarar farko ya shigar da ita a watan Janairu 1950, ya mutu a 1986, ɗansa ya tsaya a gurbinsa, ba a kuwa yanke hukuncin ƙarshe ba sai ran 9 ga Nuwamba 2019.

Ƙa'ida ta farko cikin babin gajeriya ce ƙwarai. Ma'anarta ita ce, mutuwar mai ƙara ko ta wanda a ke ƙara ba ta kashe ƙarar, muddin haƙƙin da a ke nema ya wanzu bayan mutuwar. Duk sauran ƙa'idodin a kan wannan sharaɗi aka ɗora su. Watau ba mutumin a ke dubawa ba, abin da ya ke nema a ke dubawa. In abin nan dukiya ce, ko abin da ke komawa ga dukiya, kamar bashi, da jingina, da kuɗin haya, da gona, da cika alkawarin ciniki, to yana nan da ransa, ya shiga cikin abin da mamaci ya bari. In kuwa abu ne da ke manne da jikin mutumin ko da mutuncinsa shi kaɗai, ya tafi tare da shi.

Asalin wannan rabo daga Ingila ne. Tsofaffin alƙalansu suna da wata magana da Latin, ma'anarta ƙarar da ta shafi mutum a kan kansa tana mutuwa da mutuwarsa. Sun daɗe bisa wannan, har motoci suka yawaita, sai aibin abin ya fito fili: direba ya yi ganganci ya karya wa mutum ƙafa, shi kuwa direban ya mutu cikin haɗarin, mai karaya ba shi da wanda zai kai ƙara, ko da mamacin ya bar dukiya. Saboda haka a 1934 majalisarsu ta yi dokar da ta ce ƙararraki duka suna wanzuwa bayan mutuwa, in ban da kaɗan, cikinsu har da ta ɓata suna.

Indiya ba ta bi su har can ba. Dokarta ta gado ta 1925, sashe na 306, ta ce dukan haƙƙoƙi suna wucewa ga masu kula da dukiyar mamaci, amma ta togace ɓata suna, da kai wa mutum hannu, da raunin da bai zama sanadin ajali ba, da kuma duk abin da in an bayar bayan mutuwa ba shi da sauran amfani. Dokar da kanta ta kawo misali biyu. Na ɗaya fasinjan jirgin ƙasa ne da ya ji ciwo a karo, bai mutu da ciwon ba, daga baya ya mutu bai kai ƙara ba. Magadansa ba su da ta cewa. Na biyu mai neman kotu ta raba aurensa ne, ya mutu kafin a raba. Babu abin da ya rage a raba. Na biyun babu mai musu a kansa. Na farkon kam, a ganina, da tsanani, gama iyalin da suka sayar da shanunsu don jinyar mutum ba su ji daɗin wannan hikima ba. Alƙalan Indiya ma sun ga haka, don haka suka rarrabe: zafin ciwo da wahalar da mamaci ya sha sun tafi da shi, amma kuɗin magani da asarar da dukiyarsa ta yi, magada suna da ikon bi.

Akwai wani wuri mai daɗin nazari a nan. Wani mutumin Kerala, a kudancin Indiya, ya yi ƙarar an ɓata masa suna. Shari'a ta yi ta hawa daga kotu zuwa kotu, Babbar Kotun jihar ta kayar da shi, ya ɗaukaka ƙara zuwa Kotun Ƙoli, ya mutu kafin a saurare shi. A 1985 Kotun Ƙoli ta ce magadansa ba za su tsaya masa ba, domin sa'ad da ya mutu babu hukunci a hannunsa, nema ya ke yi tukuna, abin da ya ke nema kuwa wanke sunansa ne. Amma ta ƙara da cewa da a ce shi ne ya ci, aka yanke a biya shi kuɗi, abokin shari'arsa ne ya ɗaukaka ƙara, da magadan sun tsaya, domin da zarar alƙali ya yanke kuɗi, zagi ya rikiɗe ya zama bashi, bashi kuwa dukiya ne.

Waɗanda suka karanta fiƙihu a cikinku za su ga ba baƙon abu ba ne a raba haƙƙin da a ke gada da wanda ba a gada, sai dai inda aka ja layin ya bambanta. A mazhabar Malikiyya magajin wanda aka yi wa ƙazafi, ɗa ko uba, yana da ikon tsayawa ya nemi haddi, alhali dokar Indiya ta binne ƙarar ɓata suna tare da mai ita. Haka shufa'a, watau haƙƙin abokin tarayya na karɓe rabon da aka sayar wa bare: Malikawa sun ce ana gadonta, Hanafawa kuwa, waɗanda su ne mafi yawan Musulmin Indiya, sun ce tana faɗuwa in mai ita ya mutu kafin ya karɓa.

To, mu ce haƙƙin ya wanzu. Wa zai tsaya?

Nan ne ɗalibi ya kan yi tuntuɓe, don ya kan ce magaji ne, ya wuce. Dokar ba ta ce magaji ba. A sashe na 2 ta yi amfani da suna mai faɗi, wanda za mu kira wakilin tarika, tarika kuwa ita ce dukiyar da mamaci ya bari. Wakilin tarika shi ne duk wanda doka ta ɗauka yana tsaye a madadin dukiyar nan. Magaji yana ciki, babu shakka. Wasiyyin da mamaci ya naɗa yana ciki, da wanda kotu ta ba ikon kula da dukiyar, da wanda aka yi wa wasiyya da wani abu. Abin mamaki, har mai shisshigi yana ciki, watau wanda ba shi da gado ko na anini, amma ya sa hannu cikin dukiyar yana juya ta kamar tasa. Ga ƙanen matar mamaci, alal misali, ya karɓe mabuɗin kanti, yana saye da sayarwa, yana karɓar bashi. Mai bin mamacin kuɗi yana da ikon jawo shi gaban alƙali. Dalilin kuwa a fili ya ke. Da ba haka ba, sai wanda dukiya ke hannunsa ya ce shi ba magaji ba ne, magaji kuma ya ce shi ko tsinke bai karɓa ba, mai bin bashi ya tsaya tsakani yana rarraba ido.

In mutum biyu suka yi jayayya, kowa ya ce shi ne wakilin, ƙa'ida ta 5 ta ɗora wa kotu ta warware wannan tukuna. In a kotun afil ne, tana iya aika maganar ga ƙaramar kotu ta ji shaidu ta kawo mata abin da ta gano. A 2008 wata shari'a daga jihar Andhra Pradesh ta iso Kotun Ƙoli. Mace ce mai ƙarar, ta mutu ana cikin afil, mijinta ya fito ya ce shi ne, wasu danginta kuma suka fito da takardar wasiyya suka ce su ne. Babbar Kotu ta ce a bar wannan gardama tukuna, ta saurari afil ɗin ta yanke gaba ɗaya. Kotun Ƙoli ta rushe hukuncin, ta ce ba a sauraron shari'a alhali ba a san wanda ke magana da bakin mamaci ba. Sai dai a lura da abu guda: wanda kotu ta zaɓa ya tsaya, zaɓin na wannan ƙara ne kaɗai. Bai zama mai gado ba don an rubuta sunansa a takardar kotu. In akwai rigimar gado, wannan wata shari'a ce dabam.

Sau da yawa kuma magada suna da yawa, sun watsu. Mutum ya mutu ya bar 'ya'ya bakwai, biyu a ƙauye, ɗaya a Bombay, wadda yanzu a ke kira Mumbai, wata ta yi aure a nesa, wani ba a ma san inda ya ke ba. Mai ƙara bare ne, ina zai san su duka? A 1964 Kotun Ƙoli ta sauƙaƙa, ta ce in mai ƙara ya yi bincike iyakar ƙoƙarinsa da zuciya ɗaya, ya kawo waɗanda ya sani, to sun isa su tsaya wa tarikar duka, hukuncin kuma ya hau har kan waɗanda ba a kawo ba, muddin babu zamba ko haɗin baki. In daga baya aka nuna masa an bar wani, wajibi ne ya kawo shi.

Wanda ya tsaya a gurbin mamaci rigar mamaci ya sa. Abin da mamacin zai iya karewa da shi, shi ma zai iya. Abin da mamacin ya riga ya amsa a gaban alƙali, ba shi da ikon warwarewa. In yana da wata da'awa tasa ta kansa a kan gonar, ba ta hanyar gado ba, sai ya nemi a shigar da shi da sunan kansa, ko ya kai tasa ƙarar. A ɗaya gefen kuma doka ta tsare shi. Sashe na 50 da na 52 sun iyakance abin da za a karɓa daga gare shi ga abin da ya shigo hannunsa na tarika. Uba ya mutu ana binsa dubu goma, ya bar dubu huɗu, ɗa ba zai biya dubu shidan daga guminsa ba. Amma in ya karɓi dubu huɗun ya yi bushasha da su, bai iya nuna ya kashe su ta hanyar da ta dace ba, sai ya biya su daga aljihunsa. Wannan ma ya yi kusa da abin da muka saba, cewa bashi na kan tarika, kuma ba a rabon gado sai an biya shi.

Yanzu mun zo wurin da ya fi cin mutane, watau wa'adi.

Kotu ba ta zuwa gidan makoki ta tambayi wa zai ci gaba. Sai an kawo mata takardar roƙo. In mai ƙara ne ya mutu, ƙa'ida ta 3 ke aiki, galibi wakilansa ne za su zo su ce a rubuta su. In wanda a ke ƙara ne ya mutu, ƙa'ida ta 4 ke aiki, nauyin kuwa yana wuyan mai ƙara, shi zai nemo wakilan abokin shari'arsa ya roƙi a jawo su, gama babu mai kawo kansa a bi shi bashi. Dokar wa'adi ta 1963 ta ba da kwana 90, ana lissafi daga ranar mutuwa, ba daga ranar da labari ya iso ba. In kwanakin suka cika babu takarda, ƙarar ta saraya a kan mamacin. Ba sai alƙali ya furta ba, da kanta ta ke saraya, kamar yadda fitila ke mutuwa in mai ya ƙare.

Bayan wannan akwai ƙofa ta biyu. Ƙa'ida ta 9 ta ba da dama a roƙi kotu ta tayar da ƙarar, cikin kwana 60 daga ranar sarayar, in an nuna wani uzuri isasshe ne ya hana. Bari mu yi lissafin tare, tun da ya ke ba mu rasa masu son lissafi ba. Mutum ya mutu ran 1 ga Janairu, a shekarar da Fabrairu ke da kwana 28. Ba a ƙidaya ranar mutuwar. Saura kwana 30 na Janairu, da 28 na Fabrairu, da 31 na Maris, 89 ke nan. Ran 1 ga Afrilu ita ce ta 90. Sittin ɗin kuma za su kai mu ƙarshen Mayu. In ranar ƙarshe ta faɗo kotu na rufe, sai a kai ran da ta buɗe. Bayan kwana 150 ɗin nan ma ba a toshe hanya ɗungum ba, sashe na 5 na dokar wa'adi ya ba alƙali ikon yafe jinkiri, amma fa sai an gamsar da shi dalilin jinkirin.

Me ya sa a ke tsoron saraya haka? Domin ƙa'ida ta 9 ɗin ta ce ƙarar da ta saraya ba a sake shigar da sabuwa a kan wannan da'awa. Mutum na iya zama da gaskiyarsa tsantsa, da shaidu, da takardu, ya rasa gonarsa har abada, ba don alƙali ya auna ya ga ba shi da gaskiya ba, sai don wata uku sun wuce.

Da fari alƙalai sun tsananta. A 1963 gwamnatin Indiya da kanta ta sha kaye a Kotun Ƙoli. Wani mutum ya ci ta a shari'ar kuɗi, ta ɗaukaka ƙara, mutumin ya mutu, ba ta kawo takarda ba sai bayan wa'adi ya wuce da watanni, uzurinta kuwa shi ne ma'aikatanta ba su ji labarin mutuwar da wuri ba. Kotu ta ce faɗin ban sani ba kawai bai isa ba, sai an bayyana abin da ya hana sanin. Magana ce mai ma'ana in gwamnati ce, mai ma'aikata ko'ina. Amma talaka fa, wanda ke shari'a da mutumin wani gari, tafiyar kwana biyu a jirgi? Wa zai aiko masa da ta'aziyyar abokin gabarsa? Har ma magada masu wayo su kan yi gum da bakinsu, su bar kwanaki su cika, sa'an nan lauyansu ya miƙe ya ce ai ƙara ta saraya.

Gyaran da majalisar Indiya ta yi a 1976 wannan rami ya nufa ya cike. Ta ƙara ƙa'ida wadda ta wajabta wa lauya, in ya sami labarin wanda ya ɗauke shi ya mutu, ya sanar da kotu, kotu kuma ta sanar da ɗaya ɓangaren. A nan akwai wata 'yar dabara. Wakilcin lauya yana ƙarewa da mutuwar wanda ya wakilta shi, kamar dai yadda malamanmu ke cewa wakili ya sauka in mai wakiltawa ya mutu. To da wane baki zai yi magana? Sai dokar ta ce a ɗauka alkawarin da ke tsakaninsu yana nan, don wannan sanarwa kaɗai. Ta kuma umarci alƙali ya lura da rashin sanin mutuwa in ana roƙon tayar da ƙara. Ta ce in wanda ya mutu da ma bai taɓa kawo amsa ba, ko ya kawo ya ɓace bai zo ya kare ba, kotu na iya ɗauke wa mai ƙara wahalar neman magadansa, ta yanke hukunci kamar yana da rai. In kuwa mamaci ba shi da kowa, kotu na iya naɗa wani ma'aikacinta ko wani amintacce ya tsaya wa tarikar.

Alƙalai ma suka sassauto. A 2003 Kotun Ƙoli ta ce in mutum ya kawo takardar a shigar da magada bayan wa'adi, bai san ya rubuta roƙon a tayar da ƙarar ba, a ɗauka ya roƙa, tun da ya ke abin da ya ke nufi ke nan. A 2008, cikin shari'ar wani wurin bauta na Kerala, ta ce afil a Babbar Kotu ya kan kwanta shekaru ba a kira shi ba, ba a kuwa sa rai mai afil ya riƙa zuwa ƙofar gidan abokin shari'arsa yana tambaya ko yana da rai. Amma sassaucin bai kai ga mai sakaci ba, wanda aka gaya masa ya yi biris, ko wanda ya zo da uzurin ƙarya.

Saura mas'ala guda, ita ce mafi wuya cikin babin, ta kuma fi cancanta a tsaya a kanta. In waɗanda a ke ƙara suna da yawa, ɗaya ya mutu, ba a kawo wakilansa ba, dokar ta ce ƙara ta saraya a kansa shi kaɗai. Sauran fa da ke da rai? A zahiri sai a ce a ci gaba da su. Ba kullum ba.

A 1945, lokacin yaƙin duniya na biyu, gwamnatin Punjab ta karɓi hayar wasu filaye don aikin soja. Filayen na wasu 'yan'uwa biyu ne, tarayya. Suka raina kuɗin da aka yi musu tayi, aka naɗa mai sulhu, ya yanke musu abin da ya fi, a dunƙule, bai ce wannan naka wannan nasa ba. Gwamnati ta ɗaukaka ƙara. Ana cikin haka ɗayansu ya mutu, gwamnati ba ta kawo magadansa cikin wa'adi ba. Ta ce to, ta haƙura da rabon mamacin, a rage na mai ran, ai littafin filaye ya nuna rabi da rabi ne. A 1961 Kotun Ƙoli ta ƙi. Ta ce hukuncin mai sulhu ya riga ya tabbata ga magadan mamacin, babu mai taɓa shi. In aka saurari afil aka rage wa mai rai, sai a wayi gari da hukunci biyu masu karo da juna a kan fili ɗaya, ɗaya ya ce kuɗinsa kaza, ɗaya ya ce bai kai ba. Kuma ba a iya tantance rabon mai rai ba tare da an taɓa na magadan da ba su wurin ba, abin da aka rubuta a littafin filaye kuwa ba lalle ne ya zama daidai ba. Afil ɗin duka ya rushe, mai ran ya tsira albarkacin mutuwar ɗan'uwansa da barcin ma'aikatan gwamnati.

Ma'aunin da aka ciro daga nan shi ne a tambaya: in mai afil ya ci a kan masu rai, hukuncin zai yi karo da wanda ya tabbata ga mamaci? Da ma tun farko zai iya ƙarar masu ran su kaɗai? In ya ci, hukuncin zai zartu kuwa? In abin ba ya rabuwa, faɗuwar ɗaya faɗuwar duka ce. Sai dai lauyoyi suka mai da wannan ma'auni gatari, ko'ina aka sami mutum ɗaya ya mutu cikin taro sai su nemi a sare ƙarar duka. A 2002 alƙalai biyar na Kotun Ƙoli suka zauna a kan wata shari'ar filayen da gwamnati ta karɓa kusa da Delhi, inda masu neman diyya da yawa suka haɗu cikin afil, wasu suka mutu a tsawon shekarun jira, Babbar Kotu ta kori kowa da kowa. Alƙalan biyar suka ce a'a. In kowane mutum yana da haƙƙinsa na kansa, an haɗa su a takarda ɗaya ne don sauƙi kawai, to hukuncin ba ɗaya ba ne, hukunce-hukunce ne da yawa aka ɗaure a dami guda, zare kara ɗaya kuwa ba ya watsa dami.

Akwai wuraren da ba a bukatar duk wannan. In masu ƙara biyu ne, haƙƙin kuma ya koma kacokan ga wanda ya rage, sai a rubuta mutuwar a ci gaba. In mutum ya mutu bayan an gama sauraro, alƙali bai karanta hukunci ba tukuna, ƙa'ida ta 6 ta ce a karanta, yana da ƙarfi kamar an yanke shi mamacin na da rai, domin babu sauran abin da zai faɗa. In an riga an yanke ana wajen karɓar haƙƙi ne, wa'adin kwana 90 ba ya aiki. Wanda kuwa ya kai ƙarar mutumin da ya riga ya mutu tun kafin a shigar da ita, babin nan bai san da shi ba, gama ba a maye gurbin wanda bai taɓa tsayawa ba.

Pakistan, wadda ta gaji dokar 1908 tare da Indiya, ta bi wata hanya dabam. A 1972 ta gyara babin, ta wajabta wa mai ƙara da wanda a ke ƙara kowa ya ba kotu sunayen waɗanda za su tsaya masa in ya mutu, tun ranar da ya kawo takardarsa ta farko. In mutuwa ta zo ba wanda ya kawo roƙo, ƙara ba ta saraya, kotu na ci gaba da shari'a, magajin da aka yanke hukunci ba da saninsa ba kuma yana da ikon zuwa ya roƙi a warware. Indiya kuwa ta riƙe kwana 90 da 60 ɗinta, ta bar wa alƙali ya auna uzurin kowa.